Cy Young: Majefin Da Ya Ƙi Gajiya



Besbol wasan Amurkawa ne, kuma ginshiƙinsa mutum ɗaya ne, wato majefi. Shi yake wurga ƙwallo, wani ya tsaya da kulki yana neman ya maka ta. Yau zan yi magana a kan wanda a ganina babu na biyunsa wajen juriya: Denton True Young.

An haife shi a 1867 a ƙauyen Gilmore na jihar Ohio. Ɗan manoma ne, bai wuce aji shida ba. A garin Canton, inda ya fara wasa don kuɗi, jifansa yana farfasa katakon shingen fili, har aka laƙaba masa Cyclone, wato guguwa, daga baya aka taƙaita zuwa Cy. A 1890 ƙungiyar Cleveland Spiders ta ɗauke shi.

A 1893 aka sauya doka, aka ja wurin tsayuwar majefi baya da ƙafa 5, tazarar ta koma ƙafa 60 da inci 6, kamar yadda take har yau. Ku dubi abin da wannan yake nufi. Mutum ya shekara da shekaru yana horar da hannunsa a kan tazara ɗaya, rana tsaka a ce ya ja da baya! Majefa da dama sun kasa sabawa, tauraronsu ya dushe. Young kuwa ko gezau. A shekarar ya ci wasa fiye da 30. Da ƙarfi ya fara raguwa sai ya koma ga saiti, yana ajiye ƙwallo daidai inda yake so, ba ya ɓarnar jifa. Wannan ne ya fi burge ni, domin ƙarfi kyauta ce ta Allah, saiti kuwa sai an yi ta nacin koyo.

A 1901 ya koma Boston. Shi ya yi jifan farko a gasar World Series ta farko a 1903. Ranar 5 ga Mayu, 1904, yana ɗan shekara 37, masu kulki 27 na Philadelphia Athletics suka fuskance shi, babu ko ɗaya da ya taka zangon farko, wato wurin da mai kulki ke fara rugawa bayan ya maka ƙwallo.

Ya yi ritaya bayan kakar 1911 da nasara 511. A wasa 749 shi ya fara jifa, shi ya ƙare, ba a canje shi ba. Majefan yau ana hutar da su tun wasa bai ƙare ba, don haka da wuya a kamo shi.

Abin takaici, a zamaninsa babu fansho. Ya koma gona, kuma bayan rasuwar matarsa a 1933 ya ƙare rayuwa a gidan abokai, yana 'yan ayyukan hannu. Ya rasu a 1955. Shekara ɗaya bayan haka aka kafa kyautar gwarzon majefi da sunansa, kuma har yau ana ba da ita.