A Cire Rarar Kafin a Raba: Koyar da Lissafin Jimla da Bambanci

 

Maganata a yau kan tambaya ɗaya ce, irin wadda ke zuwa cikin labari a darasin lissafi tun daga manyan azuzuwan firamare har ƙaramar sakandare. Ga ta: Audu da Binta suna da naira 500 a tsakaninsu, kuɗin Audu ya ɗara na Binta da naira 100. Nawa kowa yake da shi? An ba mu jimla, an ba mu bambanci, ana neman lambobi biyu.

Duk wanda ya taɓa riƙe alli ya san abin da ke biyo baya. Yaro zai raba 500 gida biyu, kowa 250. Sai ya tuna an ce Audu ya fi, ya ƙara masa 100, ya rubuta 350 da 250. In ka ce ya haɗa, sai ga 600. Wani da ya ɗan fi shi lura zai ce ai kuɗin ba ya ƙaruwa, don haka ya zare 100 daga hannun Binta ya miƙa wa Audu: 350 da 150. Jimla ta fita daidai, amma tazarar ta koma 200.

Ina roƙon mu tsaya kan wannan yaro na biyu, domin tunani ya yi, kuma tunani mai kyau. Abin da ya shige masa duhu shi ne, duk nairar da ta tashi daga hannun Binta zuwa hannun Audu aiki biyu take yi: ta rage can, ta ƙara nan. Da 50 kawai ya zare, da ya sami 300 da 200. In muka ja masa jan biro muka wuce, mun bar shi da ruɗaninsa, mun kuma koya masa cewa tunani ba ya biya.

Hanyar da nake ganin ta fi zama a kan yaro ita ce a cire rarar tukuna. A zana sanda biyu a allo, ɗaya a ƙarƙashin ɗaya, ta Audu ta ɗan fi tsawo. A rufe abin da ya yi saura da tafin hannu, a tambayi aji: yanzu da suka zo daidai, nawa ya rage? 400. A raba, 200 kowa. A ɗaga hannu, a mayar wa Audu 100 ɗinsa. In babu allo mai kyau, karan dawa biyu ko murafun kwalba sun wadatar. Makarantun Singafo da irin wannan zanen sanduna suke koyar da yaransu tun shekarun 1980, kafin su kai su ga aljabara.

Tambayar kuma tsohuwa ce. Diyofantus na Iskandariyya, wajen ƙarni na uku miladiyya, da ita ya buɗe littafinsa Arithmetica: a raba 100 gida biyu, tazararsu 40. Ya sami 30 da 70, kuma ta ƙaramar lambar ya fara, yadda muka fara da Binta.

Sai yaro ya yi wannan da hannunsa sau da yawa sannan a ba shi ƙa'ida: jimla a ɗebe bambanci a raba biyu, ƙarama ke nan, jimla a tara da bambanci a raba biyu, babba ke nan. Wanda aka fara masa da hadda zai rikice ranar da tambayar ta sauya riga. Misali, kwalekwale yana yin kilomita 12 a awa in ya bi ruwa, 8 in ya tunkari ruwa. Gudunsa da na ruwa in an tara 12, in an ɗebe 8, wato shi 10, ruwa 2. Babu Audu, babu Binta, amma lissafin bai canza ba.

Wata 'yar tunatarwa ga masu tsara tambaya: in ka ce awaki 25, bambanci 4, amsa za ta fito 14 da rabi da 10 da rabi, kuma babu mai kiwon rabin akuya. A gwada tambaya kafin a kai ta aji.

Malamai 'yan'uwana, roƙona gare ku shi ne kada ku karɓi amsa sai yaro ya auna ta da sharuɗɗan biyu da bakinsa: in an haɗa, ta ba da jimlar? In an ɗebe, ta ba da bambancin? Iyaye kuma, in yaro ya dawo da aikin gida, ku ce ya bayyana muku da Hausa yadda ya yi, ko da ba ku zauna a aji ba. Allah ya yi wa yaranmu albarka.