Gulbin Rima: Tarihinsa da Adabinsa



Batunmu na yau shi ne Gulbin Rima, wanda ya haɗu da Gulbin Sakkwato kusa da birnin Sakkwato, ya ratsa ƙasar Kabi, sa'an nan ya faɗa Kwara. A bakinsa Gobirawa suka kafa Alƙalawa, birnin da masu jihadi suka ci a 1808. A kwarinsa kuma Muhammadu Bello ya gina Sakkwato a 1809, da ribaɗin Wurno inda aka binne shi a 1837.

Labarin sarakuna da malamai bai ɓata ba, domin an rubuta shi. Ga Infaƙul Maisuri na Bello, ga Waƙar Gewaye ta Nana Asma'u. Waƙoƙin Narambaɗa na ƙasar Isa ma rediyo ta adana su.

To, ina waƙoƙin masunta da kirarin Sarkin Ruwa? Ina waƙoƙin manoman shinkafa na fadama? Waɗannan a bakin tsofaffi suke. Tun da aka gama madatsar Goronyo a 1984, ruwan da kan malale fadamu kowace shekara ya ragu. In sana'a ta ja baya kuwa, waƙarta kan bi ta.

Saboda haka muna kira ga duk ɗan wannan kwari, in an yi hutu ya zauna gaban tsofaffin garinsu, ya ɗauki maganarsu, ya rubuta, tun suna raye.

Allah ya sa mu dace.