Cek Babu Kuɗi, Diyya Babu Biya

Tun da aka sake buɗe kasuwar shanu ta Birnin Gwari a Nuwamban 2024, manyan dillalai sun dawo. Ba kowa ne ke yarda ya ratsa dajin Kamuku da buhun kuɗi ba, shi ya sa wasu ke miƙa cek. Manomi ya loda masara, makiyayi ya saki shanu, ya je banki a ce masa asusun wayam.

Dokar cek ta 1977 ta ce duk wanda ya karɓi kaya da irin wannan cek, aka gabatar da shi cikin wata 3 banki ya mayar, ɗaurin shekara 2 ne ba zaɓin tara. To amma ɗauri ba ya mayar wa mai kaya guminsa. Dokar shari'ar laifuka ta 2015 ta ba alƙali ikon sa mai laifi ya biya diyya, kuma nan ne gizo ke saƙa. Hukunci ya fito, mai laifi ya fara "gobe, jibi", wanda aka cuta kuwa yana ta zarya kotu da kuɗin motarsa, bayan shekarun da 'yan bindiga suka hana shi noma. Wannan zalunci ne kan zalunci.

Muna roƙon alƙalai su yanke ranar biya, a riƙe kadarar wanda ya saɓa. Kai kuma mai kaya, kada mota ta tashi sai kuɗi sun shiga asusunka.