Norman Lear: Marubucin da Ya Kai Gardamar Amurka Cikin Falo



An ce in yi magana a kan marubucin talabijin, sai na zaɓi wani Ba'amurke, Norman Lear. An haife shi a New Haven a 1922, ya rasu a watan Disamban 2023 yana da shekara 101. Yana ɗan shekara tara aka ɗaure mahaifinsa saboda sayar da takardun lamuni na bogi. A Yaƙin Duniya na Biyu ya yi aikin rediyo a jirgin saman yaƙi, bayan ya dawo kuma ya shiga rubuta wa 'yan barkwanci abin da za su faɗa.

Inda nake so mu tsaya shi ne ranar 12 ga Janairun 1971, lokacin da tashar CBS ta fara nuna shirinsa All in the Family. Asalin labarin daga wani shirin Ingila ya aro shi, kuma sau biyu tashar ABC tana ganin gwajinsa tana ja da baya. Me ya tsorata ta? Maigidan shirin, Archie Bunker, lebura ne a unguwar Queens ta New York. Yana da kujerarsa a tsakiyar falo wadda ba mai zama a kai sai shi, daga nan yake sakin baki a kan baƙaƙen fata da Yahudawa da mata, surukinsa ɗan jami'a kuma yana mayar masa da martani. Kafin nan, babbar matsalar gida a wasannin talabijin ba ta wuce abinci ya ƙone ga baƙo na tafe ba. Lear ya shigo da yaƙin Vietnam da wariyar launin fata, kuma mutane suka yi ta dariya. Shekara biyar a jere shirin yana kan gaba a Amurka. Kujerar nan yanzu tana gidan tarihi na Smithsonian.

Daga nan sai kasuwa ta buɗe masa, wasu shirye-shiryensa suka biyo baya: Sanford and Son, Maude, Good Times, The Jeffersons.

To amma fa ba a nan gizo ke saƙa ba. Lear ya rubuta Archie ne don a ga wautarsa. A 1974 wasu masana biyu, Neil Vidmar da Milton Rokeach, suka binciki masu kallo, suka tarar masu irin ra'ayin Archie ganin gwarzo suke masa, mai faɗin gaskiya komai ɗacinta. A shirin Good Times kuwa, ɗan wasa John Amos ya yi ƙorafin cewa marubuta na mayar da saurayin gidan, baƙar fata, abin dariya. Ƙarshenta sallamar Amos aka yi. A ganina Amos ne ke da gaskiya, kuma girman Lear bai hana mu faɗi hakan ba.

Ku ɗalibai da ke sha'awar rubuta shirye-shirye masu dogon zango, gare ku nake. Kada ku ji tsoron taɓa mutuwar aure ko shaye-shaye ko bangar siyasa cikin raha, Lear ya nuna ana yi. Sai dai idan kun bai wa azzalumin maigida duk maganganu masu daɗi, ku je ku zauna a inda ake kallo, a majalisa ko a shagon mai shayi, ku saurara ku ji wa ake yi wa tafi.