JAWABI GA 'YAN AREWA MAZAUNA KUDU: KADA MU RAINA HANNUN YARO



Kowannenmu ya baro gida ne don neman abin da zai aika wa na baya. To, yau ina so mu tsaya mu duba irin abin da muke aikawa, da kuma yaran da muke aika wa.

A shekarar 2019 labarin wasu samari na garin Kaduna ya bazu a duniya. Sun kira ƙungiyarsu The Critics, cikinsu akwai Raymond Yusuff da Godwin Josiah, kuma yawancinsu ba su cika shekara ashirin ba a lokacin. Abin da suka yi shi ne shirya finafinai na ƙagaggen labarin kimiyya, irin waɗanda muka saba gani daga Amurka kaɗai. Kayan aikinsu kuwa, wayar hannu ce mai fasasshen gilashi, da ƙyalle kore wanda suka yi tanadi suka saya. Sai su ɗauki hoton ɗan wasa a gaban ƙyallen nan, daga baya kwamfuta ta share launin kore, su dasa wata duniya dabam a gurbinsa. Ba makaranta ce ta koya musu ba, a intanet suka koya, ga ɗauke wuta, ga tsadar sadarwa, abin da ya sa finafinansu suka zama gajeru.

A 2020, J.J. Abrams, wanda ya shirya fim na Star Wars, ya aiko musu da kayan aiki daga Amurka. A 2023 kuma aka baje aikinsu a wani gidan adana kayan fasaha na birnin Frankfurt a Jamus.

Wani zai ce ai wannan Kaduna ce, babban birni. To, mu gangara kudancin jihar. A ƙauyen Nok na ƙasar Jaba, tun 1928 masu haƙar kuza suka tono gumakan yumɓu waɗanda suka haura shekara dubu biyu, shaidar cewa gwanintar hannu daɗaɗɗiya ce a ƙasar nan. A Kafanchan kuwa, a unguwar Bayan Loko, Gidauniyar Fantsuam, wadda aka kafa a 1996, ta buɗe wurin koyar da kwamfuta da tsofaffin injuna da aka gyara, duk da zafi da ƙura da rashin wuta. Wannan aiki ya jawo mata lambar yabo ta Hafkin ta nahiyar Afirka a 2001, daga baya kuma ta kafa hanyar intanet marar waya mai suna ZittNet.

Watau dai basira tana nan, abin da ya yi ƙaranci shi ne kayan aiki da ƙarfafa gwiwa. A nan ne nauyi ya hau kanmu. Sau da yawa idan yaro ya zauna yana kwance rediyo ko yana zane, sai mu ce ɓarna yake yi, mu aika a turo mana shi Kudu ya yi dako ko tsaron shago, alhali kuwa icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.

Saboda haka ina roƙonku abu uku. Na farko, wayar da ka daina amfani da ita, ko kwamfutar da ka ajiye, kada ta ruɓe a akwati, ka aika da ita gida. Na biyu, ƙungiyoyinmu na garuruwa su ware wani abu daga kuɗin taron wata-wata don sayen faifan hasken rana ga makarantar garinsu. Na uku, in kun je gida hutun Salla ko Kirsimeti, ku tambayi yaran nan, maza da mata, abin da suke ƙerawa, ku zauna ku duba shi da idon basira.

Kada mu bari sai baƙo daga ƙetaren teku ya yaba wa ɗanmu sannan mu san darajarsa.

Allah Ya raya mana zuriya, Ya mai da mu gida lafiya.