Lambar Asusu da Sunan Mai Shi: Jawabi ga Malamai Kafin Sayayyar Azumi

Shugaban reshe, 'yan uwana malamai, da iyalanmu masu albarka.

Azumi ya ƙarato, kuma kamar kowace shekara, za mu haɗa kuɗin adashinmu mu aika wakilai Kasuwar Singa su saro mana shinkafa da sukari da man girki. Yanzu galibin cinikin ta waya ake biya, a nan kuma hatsarin yake.

Tun shekarar 2010 Babban Bankin Najeriya ya tsara cewa lambar kowane asusu ta zama guda 10. Idan ka shigar da ita ka zaɓi banki, tsarin NIBSS zai fito maka da sunan mai asusun kafin kuɗi su fita. Hatta a rumbunan ajiyar bayanai na intanet irin na kamfanin Amazon, lambar mabuɗin shiga tana nuna asusun da ya mallake ta. Kowace lamba tana da mai ita.

Saboda haka, wakilinmu ya karanta sunan da ya bayyana, ya gwada shi da sunan da ke kan rasit. In sun saɓa, ko yaron shago ya ce a tura asusunsa, a dakata a nemi mai shagon da kansa. Matambayi ba ya ɓata. Lambar sirri kuwa, da wadda banki ke turowa ta saƙo, ba a ba kowa.

Gumin malamai ne a hannunku. Allah Ya tsare mana shi, Ya kai mu azumi lafiya.