Kaikala Satyanarayana: Shekara Sittin a Gefen Jarumi



In an ce fim ɗin Indiya, akasarinmu abin da ke faɗo mana a rai shi ne finafinan Bombai da harshen Hindi, irin waɗanda aka saba nunawa a gidajen silima na Kano da Kaduna. To, amma a kudu maso gabashin wannan ƙasa akwai wata al'umma mai magana da harshen Telugu, mutane fiye da miliyan 80 bisa ƙidayar 2011, akasarinsu a jihohin Andhra Pradesh da Telangana, kuma suna da tasu masana'antar fim. Da yawa daga finafinan da matasanmu suka riƙa fassarawa zuwa Hausa a 'yan shekarun baya daga can suka fito. Kan mutum ɗaya daga cikin 'yan wasansu zan yi magana, mutumin da ba a cika ba shi matsayin jarumi ba, amma ya daɗe a fagen fiye da akasarin jaruman da ya yi zamani da su.

An haifi Kaikala Satyanarayana a 1935, a ƙauyen Kavutaram cikin gundumar Krishna. Ya fara da wasan kwaikwayo na dandamali, sa'an nan ya tafi Madaras, inda a wancan zamani ake shirya finafinan Telugu. Fim ɗinsa na farko, Sipayi Koothuru, ya fito a 1959. Abin da ya fara jawo hankalin masu shirya fim gare shi kuwa shi ne kamanninsa da N. T. Rama Rao, babban jarumin lokacin. Saboda haka in Rama Rao zai fito a matsayin mutum biyu, kamar a Ramudu Bheemudu na 1964, sai a tsayar da Satyanarayana a madadinsa, ya ba kyamara baya.

Ina so ɗalibai su lura da haɗarin da ke cikin wannan. Kama da babban mutum tana buɗe ƙofa, amma ba ta barin mutum ya wuce zaure, domin 'yan kallo ba su bukatar Rama Rao na biyu alhali na farko yana raye. Wanda ya fitar da shi daga wannan tarko shi ne darakta B. Vittalacharya, wanda ya ba shi matsayin mugu a Kanaka Durga Pooja Mahima a 1960. Daga nan ya zama abin da yaranmu ke kira bos. Yana da jiki, yana da murya mai kauri, kuma yana iya furta dogayen jawabai cike da kalmomin Sanskirit ba tare da tuntuɓe ba, abin da finafinan da aka ɗauko daga tatsuniyoyin addinin Hindu suke bukata ƙwarai. Ya fito a matsayin Bharata a Lava Kusa na 1963, da Duryodhana a Kurukshetram na 1977.

A ganina mafi muhimmancin abin da ya yi shi ne da ya ƙi dawwama a mugunta. A 1973 darakta K. Viswanath ya ba shi matsayin ɗan'uwa mai tausayi a fim ɗin Sarada, mutanen da suka saba tsine masa suka ga yana iya sa su hawaye. Sai kuma 1977, da fim ɗin Yamagola. A nan ya fito a matsayin Yama, wato wanda mabiya addinin Hindu suka ɗauka shi ne mai karɓar rayuka da yi wa matattu hukunci. Labarin na barkwanci ne: wani saurayi, wanda Rama Rao ya fito a matsayinsa, ya mutu ya je fadar Yama, ya zuga ma'aikatan fadar su yi tawaye. (Ma'aikatan da ke zaune a nan ba su bukatar in yi musu bayanin abin da ke faruwa ga shugaba in na ƙasa da shi sun haɗa kai.) Wahalar wannan matsayi ita ce dole ɗan wasa ya ba da tsoro kuma ya ba da dariya a lokaci guda, in ya cika kwarjini wasan ya mutu, in ya cika shashanci sarautar ta zube. Satyanarayana ya riƙe duka biyun, har ya zamana an sake kiransa ga wannan matsayi a Yamudiki Mogudu na 1988 da Yamaleela na 1994.

Jama'arsa sun yi masa laƙabi da Navarasa Natana Sarvabhouma, ma'ana sarkin kwaikwayon yanayi tara. Wannan ya samo asali ne daga tsohon nazarin wasan kwaikwayo na Indiya, wanda ya kasa abin da wasa ke tayarwa a zuciya zuwa soyayya, dariya, tausayi, fushi, jaruntaka, tsoro, ƙyama da mamaki, daga baya aka ƙara natsuwa ta zama ta tara. Shi jarumi, biyu ko uku daga ciki sun ishe shi cin abinci, muddin ƙuruciyarsa na nan. Shi kuwa na gefe, in bai mallaki sauran ba, ranar da aka gaji da fuskarsa aikinsa ya ƙare. Wannan ne ya sa tsufa, wanda ke korar jarumi, ya zama wa Satyanarayana ƙarin kasuwa: daga mugu ya koma uba, daga uba ya koma kaka. Ya yi wasa da jarumi Krishna a Kurukshetram, bayan shekara 42 ya fito tare da ɗansa Mahesh Babu a Maharshi na 2019. Jimillar finafinansa ta haura 750.

Siyasarsa ba ta yi tsawo ba. A 1996 aka zaɓe shi ɗan majalisar wakilai ta Indiya daga mazaɓar Machilipatnam, a jam'iyyar Telugu Desam wadda Rama Rao ya kafa a 1982, amma majalisar ba ta cika shekara biyu ba aka rushe ta, ya koma sana'arsa. An ba shi lambar girma ta Raghupathi Venkaiah ta shekarar 2011, wadda ake bayarwa don hidimar tsawon rai ga finafinan Telugu.

A 2019 aka shirya fim kan tarihin Rama Rao, ɗansa Balakrishna ya fito a matsayin mahaifin nasa, Satyanarayana kuma ya fito a matsayin tsohon darakta H. M. Reddy. Ya rasu a Haidarabad ranar 23 ga Disamba, 2022, yana da shekara 87.